Kurungun Teku

Bukar ne ya jawo wannan babin, don haka idan ya yi muku tsawo shi za ku tuhuma. Ya dawo hutu ya tsaya gaban shagona yana kallon allon da ke saman ƙofa kamar ranar ya fara ganinsa, sannan ya zaro waya ya nuna mini hoton jan kifin nan da muke sayarwa. Ya ce ya bincika, kifin ba shi da haɗi da kurungu ko ta wajen uwa ko ta wajen uba. Wai danginsa a can ƙarƙashin teku suke, inda hasken rana ba ya kaiwa, kuma Turawan ma ba su tsaya a kan suna ɗaya ba, kowace ƙasa da abin da take kiransa. Ya ce gara a goge "Kurungun Teku" a rubuta na gaskiya kada masu ilimi su yi mana dariya. Ban yi masa faɗa ba, wanda ya san ni kuwa ya san wannan ba ƙaramin ƙoƙari ba ne. Yaron gaskiya ya faɗa. Abin da bai sani ba shi ne wanda ya raɗa sunan ya riga shi sanin haka, kuma da bakinsa ya faɗa a gabana. Lokacin ku duka kuna gidan, amma hankalinku na wurin makaranta da wasa, ba ku san abin da ake ciki ba. To ga shi yau zan faɗa muku.

Kakanku Malam Sale masunci ne tun daga kan kakanninsa, kuma a bakin tafkin Chadi ya yi rayuwarsa, can aka haife ni, can na auri babanku yana ɗinki a kasuwar kifi. Baba mutum ne mai ƙarancin magana, sai fa in an taɓo kifi. Nan kam sai ka nemi wurin zama. Ya san sunan kowanne da Hausa, ya san na Barebari, wasu har da yadda mutanen tsibiri ke kiransu. A wurinsa suna ba ado ba ne, gargaɗi ne da na gaba ke bar wa na baya. In ka ji an ce giwan ruwa, ka san ba kai kaɗai za ka ja shi ba. In ka ji minjirya, ka janye hannunka. In ka ji kurungu, ka san ƙaya uku ce, ɗaya a gadon baya, biyu a gefe, kuma in ya miƙe su sai dai ka karya, ba za ka kwantar ba. Yana da doka guda da ya gada: ba ya cin kifin da bai san sunansa ba. A sansaninsu kuma akwai al'adar da suke riƙe da ita. Idan taru ya fito da baƙon kifi, dattijo ne ke raɗa masa suna, shi zai fara ci a gaban jama'a, kuma ba ya barin wurin a wannan shekarar, don in kifin ya cuci wani a san wanda za a tambaya.

Ni kuwa tun ina rarrafe ya sa mini Kurungu. Sunana na yanka Hauwa'u, amma ban taɓa jin shi a bakinsa ba sai ranar ɗaurin aurena. Ya ce kurungu ne kaɗai kifin da in an fito da shi daga ruwa yake gunaguni, ni ma haka nake, a ɗauke ni in yi gunaguni, a ajiye ni in yi. Ga ƙaya. Ban musa ba a lokacin, yanzu ma da furfurata ba zan musa ba.

Shekarar da zama ya gagara a bakin tafki muka taho Maiduguri da abin da hannu zai iya ɗauka. Ba zan tsaya a kan wannan tafiyar ba, na yi maganarta a baya kuma ba na son maimaitawa. Muka kama haya a Moduganari, ɗaki biyu da tsakar gida mai bishiyar darbejiya. Babanku ya samu wani ɗan'uwansa a Lamisula ya ba shi gefen shago ya kafa kekensa. Ni ce sana'ata ta mutu murus. Banda nake yi tun ina budurwa, Baba ya kamo, ni in ƙyafe, to an rufe hanyar tafki, me zan ƙyafe? Na yi zaman jiran a buɗe har na gaji. Rannan na ɗaure zanina na tafi gidan sanyin wani Inyamuri, Oga Emeka, da ke kawo kifin ƙanƙara daga kudu. Mutum ne mai fara'a, ya daɗe a Borno, Hausarsa har da gishirin Barebari a ciki. Ya ba ni kwali na farko, na kafa tebur a bakin titi.

Na san Baba ba zai so ba, amma ban zaci abin zai kai inda ya kai ba. Da na dawo da yamma ya shaƙi warin da ke jikina, ya dube ni ya ce:

"Ɗiyar masunci ce ke tallan gawar da ta kwana a ƙanƙara?"

"Baba, gawar ce za ta ciyar da mu."

"To, Hauwa'u. Allah ya ba da sa'a."

Wannan Hauwa'un ya fi mari zafi. Daga ranar bai ƙara ce mini Kurungu ba. Ba ya fushi, ba ya ɗaga murya, in na gaishe shi ya amsa, sai dai da sunan da liman ya raɗa. Ni kuma da nawa taurin kan, na ce ba zan roƙi mutum ya kira ni da sunan kifi ba.

Abin da ya fi damuna shi ne cinsa. Mutumin da tun tasowarsa bai wuni bai ci kifi ba, sai ga shi daga kunu sai tuwo da miyar kuka, ita ma ya ɗan taɓa ya ture. Na soya masa shawa, ɗaya daga kifayen ƙanƙarar, ya ce bai san ta ba. Na yi masa farfesun kote, ya ce sunan bai gaya masa komai ba. Ranar da na kawo taitus kuwa har babanku sai da ya ƙware don dariya, saboda maƙwabcinmu na jikin katanga, wani malamin makaranta mutumin kudancin Borno, sunansa ke nan.

"Malam Taitus mutumin kirki ne," in ji Baba. "Kullum sai ya gaishe ni. Ba zan ci shi ba."

Muka yi dariya, amma rigarsa kullum ƙara yi masa yawa take. Yakan wuni a gindin darbejiya yana gyaran wani guntun taru da ya taho da shi, ya kwance ya sake ɗaurewa, alhali ba ruwan da za a jefa shi.

Ana nan sai abokinsa Malam Bawa ya fara zuwa. Tare suka yi kamun kifi tun suna samari. Su zauna su yi ta ƙus-ƙus, in na matso su yi shiru. Babanku ne ya gano abin da ake ƙullawa, ya same ni ina wanke tebur ya ce wasu masunta sun shirya komawa tafki ta ɓarauniyar hanya, sun sami motar da za ta kai su rabin tafiya, sauran a ƙafa, kuma Baba ya ce da shi za a yi. Na shiga ɗakinsa na ga jakarsa a ɗaure a bayan ƙofa, tarun a ciki, da wuƙarsa ta gyaran kifi. Kowa a garin nan ya san waɗanda suke bin wannan hanyar ba duka suke dawowa ba, balle tsohon da ko masallaci sai ya huta a hanya. Babanku ya je ya durƙusa ya yi masa magana da ladabi.

"Baba, ka yi haƙuri ka ƙara jira. Gidan nan gidanka ne."

"Malam Modu, ba ka rage ni da komai ba, Allah ya yi maka albarka. Amma garin da ban san sunan kifinsa ba, ni baƙo ne a cikinsa. Na gaji da baƙunta."

Ni ban durƙusa ba. Na tsaya a bakin ƙofa na zazzaga masa duk abin da ke cikina, na ce in ya tafi ya kashe kansa ne da hannunsa. Ya saurare ni har na gama, sannan ya ce, "Kin gama, Hauwa'u?" Na fita na shiga kicin na yi kuka, don na san na ƙara ɗaure jakar ne, ban kwance ta ba.

A makon da motar za ta tashi ne Oga Emeka ya kira ni ya nuna mini wasu kwalaye da aka haɗo masa da su cikin kaya. Ya buɗe ɗaya. Kifi ne ja wur, da ƙaton ido kamar an firgita shi, gadon bayansa ƙaya reras, har a marfin kunnensa akwai.

"Ya Hauwa, ɗauki ki gwada. Namansa fari tas, yana da daɗi."

"Sunansa fa?"

Ya sosa kai. Ya ce a kwalin an rubuta wani abu, direban ya kira shi wani abu, mutanen Legas kuma da nasu. Shi dai jan kifi yake cewa. Na ɗauka na kai tebur. Mata suka yi ta zuwa suna leƙawa, kowace ta tambayi sunansa, in na ce jan kifi sai ta taɓe baki ta ce ai ta ga ja ne, sunansa take tambaya. Wata ta ce kifin aljanu ne, dubi idonsa. Ba wadda ta saya. Da rana ta yi, ƙanƙarar ta saki, na kai hannu cikin haushi na damƙi ɗaya ta sama, yadda nake damƙar taitus. Ƙayar ta shige tafin hannuna na dama. Ni, ɗiyar Malam Sale, da na girma ina cire kurungu daga taru ban taɓa zubar da jini ba. Kafin la'asar hannun ya kumbura ya yi suntum, yana zugi har kafaɗa.

Na so in ɓoye. Na naɗe hannun cikin mayafi, na ɗauko kununsa na yamma na miƙa masa da ɗayan. Bai karɓa ba.

"Hauwa'u, yaushe aka fara miƙo mini abu da hagu a gidan nan?"

Ba yadda zan yi, na warware mayafin. Ya kama hannun ya juya shi, ya matsa gefen ramin da babban yatsansa har na yi ƙara.

"Wa ya soke ki?"

"Kifi."

"Na san ba akuya ba ce. Wane kifi?"

"Ba shi da suna, Baba."

Ya ɗago ya dube ni, kuma a karo na farko tun zuwanmu na ga idonsa ya yi irin hasken da yake yi a bakin ruwa.

"Babu abin da Allah zai halitta ya ba shi ƙaya ya bar shi ba suna. Ku ne dai ba ku sani ba."

Ya sa aka dafa ruwa, ya gwada zafinsa da gwiwar hannunsa, ya tsoma hannuna ya riƙe shi a ciki. Ina gunaguni yana ƙara dannawa. Na ga gefen bakinsa ya motsa. Zugin ya sauka. Da zan tashi ya ce gobe zai bi ni ya ga wannan marar sunan kafin ya kama hanya, don goben ce ranar tafiyarsu.

Da safe ya saɓa jakarsa ya biyo ni. Bai taɓa zuwa teburina ba sai ranar. Na buɗe kwalin da ya kwana a gidan sanyi, ya sa aka zuba ruwa a roba ya saka ɗaya har ya saki. Sannan ya shafo shi daga kai zuwa wutsiya, ƙayar ta kwanta a ƙarƙashin tafinsa, ya ɗaga shi. Ya daɗe yana dubawa. Ya buɗe bakin, ya leƙa kunnen, ya kankare ɓawon da farce, ya miƙar da ƙayar baya yana taɓa tsinin kowace. Oga Emeka ya zo wucewa ya tsaya, matan da suka ƙi saye jiya su ma suka taru.

"Wannan idon ba na ruwan sama ba ne," in ji Baba. "Wanda ke zaune cikin duhu ne ke buɗe ido haka. Mai gida, daga ina ake kamo shi?"

"Daga ƙasan teku, Baba. An ce zurfin wurin, in aka jefa dogon bene ba za a ga kansa ba."

"Ikon Allah. Daga can har Borno."

"Har Borno, Baba. Jirgi, sannan mota."

Wata daga cikin matan ta ce, "Baba, ko kurungu ne irin na can?"

"A'a. Kurungu ba shi da ɓawo, wannan yana da shi. Kurungu na da gashin baki, wannan babu. Ba danginsa ba ne ko kusa."

Ka ji ko, Bukar? Tun kafin a ƙera wayarka.

Ana cikin haka Malam Bawa ya iso da tasa jakar, yana haki, ya ce mota ta cika, su kaɗai ake jira. Na riga na yi wa kaina alkawari ba zan ƙara cewa komai ba, sai na kama bakin tebur na riƙe. Baba bai ko waiwaya ba. Ya ajiye kifin ya sake shi, ƙayar nan ta sake miƙewa tsaye. Ya kwantar da ita da yatsa, ta sake tashi.

"Dubi nan, Bawa. An raba shi da ruwansa, an daskarar da shi, an kawo shi garin da ba kogin kirki. Ya mutu ma, amma bai yarda ya kwantar da ƙaya ba." Ya sake shafa kifin. "Ni na san mai irin wannan halin. An fito da ita daga ruwa, tana gunaguni, tana sukan mutane, amma ita ke ciyar da gida."

Bai dube ni ba. Ya juya wajen matan ya ɗaga murya yadda ake yi a sansani.

"Sunansa kurungun teku. A kama shi daga kai, a shafo zuwa baya. A yanke ƙayar kafin a ba yaro. Wanda ya soka ya sa ruwan zafi."

Malam Bawa ya san al'ada sarai, tare suka tashi a cikinta. Na ga fuskarsa ta sauya.

"Sale, suna ka raɗa?"

"Na raɗa."

"To tafiyar fa?"

"Ka san doka. In ya cuci wani, wa za a tambaya? Ka gaishe mini da ruwa."

Suka yi musabaha suka daɗe ba su saki ba. Malam Bawa ya juya ya tafi, Baba ya bi shi da kallo har ya sha kwana. Sannan ya kwance jakarsa, ya zaro wuƙar nan, ya gyara kifin da kansa, ya miƙo mini.

"Kurungu, soya mini wannan. Kada ki cika gishiri, kin san halinki."

Na karɓa da hannu biyu, mai ciwon da mai lafiyar. Na ce masa ni ban taɓa cika gishiri ba, shi ne dai harshensa ya tsufa. Ina faɗa hawaye na zuba a kan kifin, ga mutane cike, ban damu ba. Na ari kasko wurin mai ƙosai na soya a nan bakin titi. Ya yi bisimilla ya ci a gaban kowa, ya tsotse ƙashin, ya ce namansa ya yi kusa da na ragon ruwa amma bai kai ba. Kafin azahar kwalin ya ƙare.

Daga ranar kullum tare muke fita. Ya sami benci a gefen tebur, shi ke yanke ƙaya, shi ke nuna wa mata yadda ake riƙewa, ana ta gaishe shi da "Baba, wushe" irin na Barebari yana amsawa. Sunan ya bi bakin mutane ya shiga unguwanni, har Oga Emeka in zai yi oda sai ya ce a sako masa kurungun teku, na can su yi ta tambayarsa me yake nufi. Shekarar doka ta cika, bai ɗaure jaka ba, ni kuma ban tuna masa ba. Shawa da kote ma daga baya ya sassauta musu. Taitus ne dai har ya koma ga Allah bai ci ba.

Ba zan ce muku ban san abin da zamansa ya ci masa ba. Malam Bawa har yau ba mu ji ɗuriyarsa ba, wannan kuwa yana sa in gode wa Allah da Baba bai bi shi ba. Amma Baba bai ƙara ganin tafki ba. Da damina, in ruwa ya taru a kwararonmu, yakan fito ya tsaya yana kallonsa, iska na kaɗa saman, har sai na je na kamo hannunsa. Ya zauna ne saboda ni, ya fake da kifi don kada a ce ɗiyarsa ta fi shi taurin kai. Na sani, shi ma ya san na sani, ba wanda ya taɓa faɗa wa wani. A ciwonsa na ƙarshe sunaye sun rikice masa, yana kiran babanku Bawa, yana kiran 'yar'uwarku Falmata da sunan mahaifiyata. Amma in na tsaya a kansa ina mitar ya ƙi shan magani, sai ya buɗe ido ya ce, "Ji ta. Kurungu."

To Bukar, ga amsarka. In kana so ka rubuta sunan da ka samo a waya, ka rubuta shi ƙanana a ƙasan allon, ba zan hana ka ba, ilimi ne. Na saman kuwa kada hannunka ya kai gare shi. Ran da kuka fitar da ni daga gidan nan, ku goge in kun ga dama. Kafin nan, duk safiyar da na zo buɗe shago na ɗaga kai, ubana ne ke kirana.